Idan Lasin Ya Ɓata

Ba kasafai lasisin tuƙi ke ɓata shi kaɗai ba, yakan tafi ne da 'yan rakiya. Ɗan sane ya zare walat a cunkoson Kantin Kwari, lasin na ciki tare da katin banki da katin zaɓe. Masu ƙwacen waya su tare mutum bayan magariba, alhali ya saba cusa katin a bayan rigar wayarsa. Wani ya manta shi a aljihun mota, aka kai ta gareji ko aka sayar da ita. Wani lokaci kuma gari guda ne ke rasa takardunsa a dare ɗaya, kamar yadda ya faru a Maiduguri ranar 10 ga Satumba 2024, da madatsar ruwa ta Alau ta ɓalle, ruwa ya shiga gidaje ya tafi da takardun makaranta da na fili da na mota.

Ko ta wace hanya ya salwanta, shawarar farko da mutum zai ji a majalisa ko a tasha ba ta canzawa: "Akwai wani yaro da na sani a ofishin, ka ba shi hoto da kuɗi, sati biyu zai kawo maka." Wannan shawara ita ce ta jefa direbobi da yawa cikin ramin da ba su san suna ciki ba, sai ranar da lasin ya ɓata suka je neman wani.

Abin da ya faɗi daga aljihu roba ce da aka buga wa hoto da suna. Izinin tuƙin kansa yana cikin rumbun bayanan Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa, FRSC, inda aka adana sunan mutum da ranar haihuwarsa da hotonsa da zanen yatsunsa da rukunin motar da aka yarje masa ya tuƙa. Lamarin kamar adashi ne: ko ka yar da 'yar takardar da kake rubuta zubinka a kai, kwasarka na nan muddin sunanka na cikin littafin uwar adashi. Wanda sunansa ke cikin rumbun, neman madadi zirga-zirga ce kawai da ɗan kashe kuɗi. Wanda sunansa ba ya ciki, ko da ya shekara goma yana nuna kati a shingen bincike ana ɗaga masa hannu ya wuce, a idon doka bai taɓa mallakar lasisi ba.

Wannan rumbu ba tsohon abu ba ne. A da kowace jiha da nata tsarin, babu rajista ɗaya ta ƙasa, don haka wanda aka karɓe wa lasisi a wannan jiha yana iya tsallakawa maƙwabciya ya yanki sabo. A Fabrairun 1988 gwamnatin Janar Ibrahim Babangida ta kafa FRSC, Farfesa Wole Soyinka ya zama shugabanta na farko, kuma ɗaya daga cikin ayyukan da aka ɗora mata shi ne samar da lasisi iri ɗaya a duk faɗin ƙasa. Dokar da hukumar ke aiki da ita yanzu ta 2007 ce. Babban sauyin ya zo a Satumbar 2011, lokacin da Osita Chidoka ke jagorantar hukumar, Shugaba Goodluck Jonathan ya ƙaddamar da sabon lasisi da sabuwar lambar mota. Daga nan aka wajabta wa mai nema ya je da ƙafarsa a ɗauki hotonsa da yatsunsa, abin da direbobi ke kira kafca. Daga ƙarshen 2020 kuma aka ƙara sharaɗin lambar ɗan ƙasa, NIN.

Sai dai lasisin ba na FRSC ba ne ita kaɗai, kuma rashin sanin haka ke sa mutane zagin wanda bai yi musu laifi ba. Hannu uku ne a ciki. Jami'an VIO na jiha su ke gwada mutum su tabbatar ya iya tuƙi. Hukumar tattara kuɗin shiga ta jiha ita ke da ikon bayar da lasisin, ita ce kuma ke miƙa katin idan ya fito. FRSC ke ɗaukar bayanai, ta adana, ta buga. Farashi kuwa hukumar haɗin gwiwa ta harkar haraji, JTB, ce ta riƙa ƙayyade shi. Shi ya sa a cibiyar lasisi za ka tarar da tebur uku, kowanne sai ya sa hannu, kuma idan mai tebur ɗaya ya tafi ɗaurin aure, sauran biyun ba su da abin da za su yi maka.

Hanyar neman madadi, a rubuce, ba ta da tsawo. Ana farawa da takardu biyu. Ta farko takardar rantsuwa ce daga kotu, wadda ake yi a ofishin rajista na babbar kotu ko kotun majistare a gaban jami'in da ke rantsarwa. A ciki mutum zai faɗi sunansa, lambar lasisin, da yaushe, a ina, kuma ta yaya ya ɓata. Ta biyu daga caji ofis take fitowa: a shigar da rahoton a littafin 'yan sanda, a ba ka kwafin abin da aka rubuta da hatimi. A wurare da yawa 'yan sanda kan nemi ganin ta kotu kafin su ba da tasu, don haka farawa da kotu yakan rage wa mutum dawowa. Rundunar 'yan sanda ta kuma buɗe shafin intanet mai suna POSSAP, inda ake neman irin wannan takarda a biya kuɗinta ta banki maimakon hannu da hannu.

Da takardun nan a hannu, sai a shiga shafin lasisi na FRSC. Zaɓi uku ne a wurin: sabon lasisi, sabunta wanda wa'adinsa ya ƙare, da sake bayar da wanda ya ɓata ko ya lalace. Na ukun shi ne namu. Shafin zai nemi lambar lasisi da ranar haihuwa, ya fito da bayanan mutum, a biya kuɗi, a buga fom da rasit, a kai cibiyar lasisi. Ma'aikacin kuɗin shiga ya tabbatar an biya, VIO ya sa hannu, FRSC ta tantance cewa mai neman shi ne mai hoton da yatsun. Sai a ba shi takardar wucin gadi, tamfarare, mai aiki na kwana 60, kafin katin ya fito.

Ba a koma makarantar koyon tuƙi, ba a sake jarrabawa. Babban abin da ake nema shi ne lamba, kuma a nan ne mutane da dama ke tsayawa cak. Lambar lasisi haɗin haruffa ce da alƙaluma, ba mai haddace ta, kuma tana rubuce ne a jikin katin da ya tafi. Wanda ya taɓa yin fotokwafi, ko ya ɗauki hoton katin gaba da baya ya ajiye a wani wuri da ba cikin wayar da aka ƙwace ba, ya huta. Wanda bai yi ba, kafin ya yanke ƙauna ya tuna wuraren da ya taɓa miƙa kwafinsa: bankin da ya buɗe asusu, kamfanin da ya ɗauke shi aikin tuƙi, ofishin ƙungiyar direbobi a tasha, tsohuwar tamfarare ko tsohon lasisin da ya ƙare yana cikin durowa. Idan duk babu, jami'an FRSC a cibiya na iya lalubo mutum a rumbu da sunansa da ranar haihuwarsa, sai dai ya je da kansa, aike ba ya yi.

Batun kuɗi kuma, farashin hukuma sananne ne. Lasisin shekara uku ya daɗe a naira 6,350 bayan sauyin 2011. A 2021 ya koma 10,350, na shekara biyar kuma 15,450. A 2025 na shekara uku ya kai 15,000, na shekara biyar 21,000, na babur da Adaidaita Sahu kuma 7,000 da 11,000. Wannan shi ne ma'aunin da mai neman madadi zai riƙe a ransa. Abin da shafin ya nuna, aka biya aka sami rasit, shi ne na gwamnati. Abin da ya hau kai, na mai kwamfutar da ya cike fom a kafe, da na mai buga rantsuwa a ƙofar kotu, da "na mai" da "na takarda" da ake ambata a bakin kanta, wasu ladan aiki ne na halal, wasu kuwa kowa ya san sunansu.

To, yanzu ga wurin da maganar ta fi nauyi. Mutum ya zauna gaban kwamfuta, ya shigar da lamba da ranar haihuwa daidai, shafin ya ce bai san da wannan lasisi ba. Ya sake, haka. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Sai ya fara tuna yadda aka yi ya sami katin tun farko: bai taɓa taka cibiya ba, ba a taɓa ɗora yatsunsa a kan na'ura ba, hoton fasfo ya bayar da kuɗi, ejan ya kawo masa kati mai ƙyalli a tasha. Duk lasisin da aka yi bayan 2011 ba tare da mai shi ya tsaya gaban na'ura ko sau ɗaya ba, jabu ne, komai kyan bugunsa.

Ban ga amfanin ɗora wa direban laifin duka ba. Yawancin masu irin wannan kati ba su yi niyyar yaudarar kowa ba, da yawansu ma sun biya fiye da farashin gwamnati. Direban haya da ke kai balas kullum, yini ɗaya a layin ofis asarar abincin gidansa ne. Yaron mota da ya koyi tuƙi a hannun ubangidansa shekara da shekaru, daga wankin mota zuwa ja da baya a tasha har zuwa hawa babban titi, ba ya ganin dalilin da zai sa ya biya makaranta ta koya masa abin da ya fi malamin iyawa. Fom ɗin da Turanci yake, a intanet yake, cibiyar kuma tana babban gari. Ejan ya zo ya cike wannan giɓi. Wasu ejan ɗin aikin gaskiya suke yi, su cike fom su riƙe maka layi su kira ka ranar kafca. Wasu kuwa injin buga kati gare su a ɗaki. Alamar da ke raba su guda ce: duk wanda ya ce ba sai ka zo ba a lasisinka na farko, ka riƙe kuɗinka.

Wanda ya tsinci kansa a wannan hali ba shi da madadin da zai nema, sabon shiga ne. Zai yi rajista da makarantar tuƙi da FRSC ta amince da ita, ya sami shaidarta, VIO ya gwada shi, sannan a ɗauki bayanansa. Ga mai ƙaramar mota wannan ɓata lokaci ne kawai. Ga direban tirela ko tanka, mai buƙatar rukunin G, abin ya fi ciwo, domin manyan rukunai na da nasu sharuɗɗan na shekaru da ƙwarewa, kuma shekarun da ya yi yana ɗauko mai daga Legas zuwa Maiduguri ba su cikin rajistar kowa. Duk da haka gara a bi doguwar hanyar. A jadawalin tarar FRSC, tuƙi ba lasisi naira 10,000 ne, tuƙi da takardun jabu 20,000. Tarar ma ba ita ce abin tsoro ba. Ranar da aka yi haɗari aka rasa rai, ko kaya suka ƙone ana neman kamfanin inshora ya biya, a ranar ake bincikar lasisin da gaske.

Akwai kuma wanda lasisinsa na gaskiya ne, sunansa na cikin rumbu, amma ya maƙale saboda NIN. Wannan matsala ta fi cin mutanenmu na arewa, kuma dalilinta a bayyane yake. Mutum ɗaya a lasisi Mohammed ne, a katin ɗan ƙasa Muhammad, a banki Muhammadu, a takardar firamare Mamman. Mu ba mu gaji sunan dangi tsayayye ba. Yau mutum ya sa sunan mahaifi a ƙarshe, gobe sunan garinsu, jibi sunan kaka, wani magatakarda kuma ya juya na farko ya koma na ƙarshe. Mace ta yi lasisi da sunan mahaifinta, ta yi NIN da sunan mijinta. Ranar haihuwa kuwa, wanda aka haifa a ƙauye ba a rubuta ba, duk ofishin da ya je sai a ƙirƙira masa wata, shi ya sa masu 1 ga Janairu suka yi yawa. Mutum ba ya ganin waɗannan a matsayin saɓani, ai duk shi ne. Kwamfuta kuwa harafi take dubawa. Idan bayanan biyu suka ƙi haɗuwa, sai an gyara ɗaya, kuma gyaran suna ko ranar haihuwa a NIMC, hukumar da ke ba da NIN, aiki ne mai zaman kansa da kuɗinsa da jiransa.

A nan ne wata dabara ke zo wa mutane: tunda tsohon ya zama rigima, bari in yi sabo fil da bayanan da suka dace da NIN. Dabarar ba ta ɓullewa. Yatsun da za a ɗauka su ne dai waɗanda ke cikin rumbu a ƙarƙashin tsohuwar lamba, kuma an gina tsarin ne don ya hana mutum ɗaya riƙe lasisi biyu. Sai fom ɗin ya tsaya, kuɗin ya tafi, mutum ya koma yana da matsala biyu maimakon ɗaya.

Ɓata daban, sata daban, ko da yake fom ɗin bai bambanta su ba. Lasisin da ya faɗa kwata ya tafi ke nan. Wanda ke hannun ɓarawo kuwa yana nan da ransa. Lasisin tuƙi na cikin katunan shaida da bankuna da ofisoshi ke karɓa, tare da fasfo da katin ɗan ƙasa da katin zaɓe, kuma yana ɗauke da cikakken suna da hoto da adireshi da ranar haihuwa. Ba na son in zuzuta haɗarin. Tun da aka shigo da BVN a 2014, aka kuma haɗa layukan waya da NIN, buɗe asusun banki da katin wani ya yi wuya ƙwarai. Amma ba ko'ina ake duba yatsa ba. Ana iya kama ɗaki a otal da shi, a karɓi hayar kaya, a tura hotonsa ga wanda ake son damfara don ya saki jiki, ko a yar da shi a wurin da aka aikata laifi. Idan kuma tare da waya da katin banki aka ɗauke shi, ɓarawo ya sami ranar haihuwa, wadda mutane da yawa ke mayarwa lambar sirrinsu. A irin wannan yanayi lasisi ne na ƙarshe a jerin gaggawa: a fara toshe katin banki da layin waya, a kai rahoto caji ofis a ranar, sauran su biyo baya. Amfanin rahoton shi ne kwanan watan da ke kansa. Idan wata uku bayan nan katin ya ɓulla a inda bai kamata ba, takardar ce za ta nuna tun yaushe ya bar hannun mai shi.

Akwai kashi na uku da ba a cika faɗa ba, lasisin da bai ɓata ba kuma ba a sace ba, yana cikin durowar wani jami'i. An tare direba, an karɓi katin, an ce ya biyo shi ofis. Ya lissafa tara da wahalar komawa garin da aka kama shi, sai ya ga ya fi sauƙi ya je kotu ya rantse cewa ya ɓata. Wannan rantsuwar ƙarya ce, laifi ce a dokar ƙasa, balle a addini, kuma tarar da aka rubuta masa ba ta goge don ya yi sabon kati. Shi kansa karɓe lasisin a bakin titi abin jayayya ne. A 2025 Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke zama a Owerri ta yanke cewa ƙwace lasisin direba da jami'an FRSC suka yi ba tare da bin matakin shari'a ba tauye haƙƙi ne, ta kuma ba mai ƙarar diyyar naira miliyan 10. Wanda aka riƙe wa kati yana da ƙofar da zai ƙwanƙwasa, ba sai ya ɗauki alhakin rantsuwa ba.

Wannan ya kawo ni ga abin da nake ganin ya kamata a sake dubawa, wato takardun nan biyu. Me suke tabbatarwa? Jami'in kotu bai ga lokacin da katin ya faɗi ba. Ɗan sandan da ke kanta bai je Kantin Kwari ya bincika ba. Dukansu abin da ka faɗa suka rubuta suka buga hatimi. A zamanin da lasisi ɗan littafi ne kuma fayil ɗinsa na cikin kabad a hedikwatar lardi, neman rantsuwa na da ma'ana, domin ba wata hanyar gane mai gaskiya. Yau hukuma na da yatsun mutum da fuskarsa. Tambayar da ta dame ta, ko wannan shi ne mai lasisin, na'ura na amsa ta cikin daƙiƙa. Tambayar ko da gaske ya ɓata kuwa, rantsuwa ba ta amsa ta. Abin da ke maganinta shi ne a soke tsohon katin a rumbu, ta yadda duk inda aka duba shi zai nuna matacce ne.

Wasu ƙasashen sun bi wannan hanya. A Birtaniya wanda lasisinsa ya ɓata yakan shiga shafin hukumar DVLA ya biya fam 20 a aiko masa da wani ta gidan waya, ba kotu. Idan ɗan sanda ya tare shi ba kati a jikinsa, yana da kwana bakwai ya kai shi caji ofis. A Indiya, gwamnati ta amince tun 2018 cewa lasisin da ke cikin manhajar DigiLocker a waya daidai yake da na roba. Ba wai ko'ina aka gama da matsalar ba. Kenya ma na neman takardar 'yan sanda. Afirka ta Kudu kuwa ta shekara da shekaru tana dogaro da injin buga lasisi ƙwaya ɗaya tak, wanda ya lalace a ƙarshen 2021, ya sake lalacewa a farkon 2025, katunan dubban ɗaruruwan mutane suka taru suna jira.

Masu kare tsarinmu na da hujjar da ba za a yi watsi da ita ba. Suna cewa idan aka sauƙaƙa madadi, wanda aka kama da laifi zai riƙa yin sabo kamar sayen katin waya, wani kuma zai yi biyu ya ba ƙaninsa mai kama da shi ɗaya. Gaskiya ne, kuma zai ci gaba da zama gaskiya muddin jami'in da ke kan titi da ido yake duba kati. Amma rantsuwar ba ta hana ko ɗaya daga cikin biyun ba, ta dai ƙara musu farashi, ta kuma ƙara wa mai gaskiya wahala daidai da ta maƙaryaci. A ganina rahoton 'yan sanda ya zama na wanda aka yi wa sata, don kare kansa. Wanda ambaliya ta cinye wa gida kuwa, yatsansa ya isa shaida.

Saura jira, wanda shi ne ya fi cin rai. Kwana 60 aka rubuta a tamfarare, amma direbobi sun san sau da yawa katin ba ya fitowa a wannan wa'adi. Mutum ya koma a ƙara masa kwanaki, ya sake komawa, takardar ta tsufa a aljihu har rubutun ya fara gogewa. A 2025 FRSC da kanta, a ƙarƙashin shugabanta Shehu Mohammed, ta amsa cewa katunan da ba a buga ba sun taru, ta ce ta ƙara ƙarfin injinanta. A lokaci guda kuma ta koka cewa sama da lasisi dubu 200 da aka riga aka buga suna jibge a ofisoshin jihohi ba wanda ya zo karɓa. Abu biyun ba su saɓa wa juna ba. Katin ya fito bayan mai shi ya gaji da zuwa, saƙon da aka tura ya tafi layin wayar da aka sace tare da tsohon lasisin, ko mai shi ya bar garin. Don haka wanda ya canza lamba ya tabbatar sabuwar ce a fom, kuma ya riƙa leƙa ofishin kuɗin shiga na inda aka yi masa kafca, domin can katin ke sauka.

A tsakanin nan, tamfarare mai rai lasisi ce cikakkiya a kan titin Najeriya, ko gaban FRSC ko 'yan sanda ko KAROTA a Kano. Takardar rantsuwa da rahoton 'yan sanda kuwa ba izinin tuƙi ba ne. Suna iya sa jami'i mai fahimta ya sassauta, amma ba su wajabta masa ba, haka ma fotokwafi da hoton da ke waya. Direban da ke tsallaka iyaka, daga Jibiya zuwa Maraɗi ko daga Illela zuwa Birnin Ƙonni, ya fi kowa shiga tsaka mai wuya, domin jandarman da ke can bai saba da takardar wucin gadin Najeriya ba, kuma ba dole ya gamsu da ita ba. Idan a can lasin ya ɓata, a kai rahoto ofishin 'yan sandan garin a karɓi shaidarsu don a samu a dawo gida, amma madadin sai a Najeriya, wurin da aka yi na asali.

Yakan faru kuma bayan an gama duk wannan, sabon kati ya zo hannu, sai tsohon ya ɓullo a ƙarƙashin kujerar mota, ko wani bawan Allah ya tsince shi ya kai masallaci aka yi cigiya. Ba a riƙe biyu, ba a kuma ba wa ɗan'uwa ɗaya ya riƙa fita da shi, domin duk abin da ya aikata da shi sunan mai hoton za a rubuta. Sabon shi ne mai aiki. Tsohon a mayar wa cibiyar lasisi, ko a sa almakashi a raba shi ta kan hoton da lambar.